Jan Zanen da Na Kai Salaga

Tun da na dawo daga Gana ban huta ba. Duk wadda ta shigo shagona kawo ɗinki, kafin ta kwance ƙullin yadinta sai ta ce, "Rabi, wai da gaske an yi zaman makokin Inna alhali tana raye?" Na faɗa har bakina ya gaji, kuma kowacce ta fita sai ta ƙara masa gishiri. Jiya ma na ji wai har likkafani aka yanka. To ga shi na rubuta. Wadda ta sake tambaya in miƙa mata ta karanta, ni in ci gaba da taka kekena.

Mahaifiyata, Inna Hassana, 'yar tagwaye ce. 'Yar'uwarta Usaina ta auri wani mai fataucin goro ɗan Salaga ta ƙasar Gana, ta bi shi tun kafin a haife ni. Da tana zuwa Kano jefi-jefi. Da kakarmu ta rasu ba ta zo ba, aka yi uku, aka yi bakwai, aka yi arba'in, shiru. Inna tana da zuciya, ni ma a nan na sha. Ta sami wani mai goro da zai koma can ta ce, "Ka gaya mata tunda ba ta zo ta uwarmu ba, kada ta ƙara taka Kano sai ta ji tawa mutuwar." Saƙon ya isa, shi bai ɓata a hanya ba. Yau fiye da shekara talatin ke nan.

'Yan shekarun nan idon Inna ya yi rauni ƙwarai. Wuni take a gaban talabijin tana kallon fim ɗin Hausa, amma ba fuskoki take gani ba. Fari yana ɓace mata, shuɗi da kore duk ɗaya suke, ja ne kaɗai ke ratsowa. A finafinanmu kuwa kun sani, in an sa wa yarinya jan leshi to ita ce amarya, ko ita ce ake so. Da haka Inna ke bin labari. "Ina mai jan? Ta dawo?" In yarinyar ta sake kaya sai Inna ta yi tsaki ta ce sun ɓata fim.

Wata safiya bayan ta tashi daga wata jinya da ta tsorata mu, ta aike ni kasuwar Kwari in sayo jar atamfa turmi uku. Biyu nawa, ɗaya na Usaina. Na ce ina zan sami awonta? Ta miƙe ta ɗaga hannuwa ta ce, "Gwada ni." Sannan ta kafa mini sharaɗi biyu. In riƙa sa jan a duk tsawon hanya, don in 'yata Zainab ta haɗa waya da talabijin ta iya hango ni. Na biyu, kada in gaya wa kowa saƙon da ke bakina sai na tsaya gaban Usaina. "Ina tsoron ta ji daga nesa ta ce ba ta so," in ji ta. Ban taɓa jin Inna ta ce tana tsoron wani abu ba sai ranar.

Abin da muka sani kawai shi ne wani dillalin goro a Mariri ya ce ɗan Usaina, Alhaji Sulemana, yana cinikin shanu da albasa a Bawku, arewacin Gana. Na ɗauki jakata, na yafa baƙin mayafi saboda dattin mota. Ku riƙe wannan: jan kaya, baƙin mayafi.

Hanyar da na bi ita ce ta fataken da, sai dai su da jakuna, ni da motocin da jaki ya fi su haƙuri da mutum. Daga Nijeriya muka faɗa Binin ta Nikki, muka kwana Parakou, muka wuce Jugu, muka shiga Togo. Kwana uku ina zaune a kan rabin kujera, rabin kuwa wata mai buhun barkono ta mallake. Na yi atishawar da ban yi ba tun haihuwata. A Sankasi, bakin iyakar Togo da Gana, kasuwa ce ta cinye garin gaba ɗaya, ba ka sanin a wace ƙasa ƙafarka take sai wani mai kaki ya tsai da kai.

A nan na fara ganin abin mamaki. Ma'aikaciyar da ke duba takardu, wata ƙatuwar mace mai murya kamar ta ladan, tana ta daka wa mutane tsawa. Da layi ya zo kaina ta dube ni sama da ƙasa, sai murya ta sauka. Ta ce, "O, madam, sori, sori." Ta buga hatimi, ko jakata ba ta buɗe ba, har ta dafa mini kafaɗa. A tashar mota wani dattijo ya tashi daga kujerar gaba ya ce in zauna. Mai sai da ruwa ta ba ni leda biyu ta ƙi karɓar komai. Na kira gida na ce wa Zainab, "Mutanen Gana ba dai kirki ba. Baƙo sarki ne a nan." Inna daga can ta ce, "Na gan ki, ga ki nan ja wur!" Na yi dariya ina jin daɗi, ban san a kan me nake hawa ba.

Na isa Bawku da la'asar. Gari ne na 'yan kasuwa, warin albasa ko'ina, shanu da jakuna da babura suna rabon titi ba mai ce wa wani matsa. Kowa sauri yake, don a lokacin akwai dokar hana fita in rana ta faɗi. Alhaji Sulemana ya tsallaka Burkina sayen shanu, matarsa Memuna na tarar, 'yar ƙabilar Kusasi, Hausarta irin ta zango, unguwar baƙi, inda mace da namiji duk "kai" ne. Da farko na yi ta waiwaye ina neman namijin da take wa magana.

"Kai ne ya fito Kano? Maraaba, maraaba. Mma na Kano fa, yana lafiya?"

Na ce lafiya lau. Ta dubi zanena, ta dubi mayafina, ta sunkuyar da kai.

"Mma Fuseina bai nan," in ji ta. Haka suke kiran Usaina a can. "Ya tafi Yendi wurin 'yan shi Azara. Wane saƙo ne, in kira su?"

Na ce, "Saƙon ba na waya ba ne. Sai na gan ta ido da ido."

Ta ce, "Allahu akbar," a hankali, ta shige madafi. Ku da kuka san al'adarmu kun san ko gawa aka bari a gida, in an tambayi mutum lafiya, "lafiya" zai fara cewa, kuma ba a faɗa wa tsohuwa mutuwar ɗan'uwa a waya. Ni ce na haɗa mata lissafin da hannuna, amma Allah ya rufe mini ido.

Ta kawo mini tuwon zafi da miyar ayoyo. Tuwon nasu ruwa-ruwa ne, da ɗan tsami, in ka ɗebo sai ya nemi komawa kwano, amma yana da daɗi. Kullum na ɗago kai sai ta ce, "Ci, ka yi haƙuri, ci." Na ɗauka haƙurin gajiyar hanya take ba ni. Talabijin na kunne a falo, sai ga wani taro ana nunawa: rumfuna ja da baƙi, mata da maza duk cikin anko ja da baƙi, ana busa ƙaho, ana rawa, ga hoton wani tsoho an kewaye shi da furanni. Ni mai ɗinki, idona ya tafi kan kaya. Na ce, "Kai, wannan biki ya haɗu! Dubi anko, irin nawa sak." Memuna ta dube ni kamar za ta yi kuka, ta tashi ta kashe talabijin ɗin. Na ce a raina, matar nan tana da kirki amma tana da rowar wuta.

Washegari na kama hanyar Yendi ta Nalerigu. Akwai wani hawan dutse a hanyar da motarmu ta tsaya a tsakiyarsa ta yi tunani, muka sauka maza suka tura. Da na sa hannu zan taimaka direba ya ce a'a, Hajiya ki zauna a inuwa, abin da ke kanki ya ishe ki. Na ce to, shi ma ya ga gajiya. A Nalerigu muka tsaya na sayi wake da shinkafa, su kuma sun haɗe sunan sun ce wace, jaja-jaja da shi saboda karan dawa da suke dafa shi da shi, a zuba taliya da garin rogo da yaji baƙi a kai. Na ce abincinmu ne ya je yawon duniya ya dawo da kaya.

Yendi garin Dagomba ne, kuma in kana gaggawa kada ka gai da Badagombe. Durƙusawa ake yi, kai ka faɗa ya ce "naa", shi ya faɗa ka ce "naa", har gwiwa ta fara ƙara. Na hau keke mai ƙafa uku, irin adaidaita sahunmu, su da launinsa suke kiransa, yalo-yalo. Ya kai ni gidan Azara, 'yar Usaina.

Azara ta girme ni kaɗan, kuma da ta fito na ga hancin Inna a fuskarta. Ta rungume ni, ta daɗe ba ta sake ni ba. Ashe Memuna ta riga ta kira ta. Ta ce mahaifiyarta ta koma Salaga tun watan jiya, wai ba ta iya barci sai a ɗakin mijinta marigayi. Ta dafa mini wasawasa, wani abinci baƙi na garin doya mai kama da dambu, ta zauna kusa da ni tana kallona ina ci. Hausarta ta fi ta Memuna zurfi, ta gidan uba ce.

Ta ce, "Kin san Mma ba ta taɓa cin abinci ba tare da ta rage loma a gefe ba? In mun tambaya sai ta ce ta Hassana ce."

Na ajiye cokali. Ta ci gaba, ta ce lokacin da kakarmu ta rasu Mma tana kwance da tsohon ciki, ta haihu ɗan bai zo da rai ba, ita ma da ƙyar ta tashi. Kafin ta warware ta kama hanya, sai ga saƙon Inna. "Ta ce ba za ta yi wa yayarta gardama ba. Tunda yayarta ta ce sai ranar mutuwarta, to ranar za ta je." Mu a Kano ba wanda ya taɓa jin labarin wannan jariri. Hawaye ya zubo mini, Azara ta ga hawayen, ta ƙara tabbatar da abin da take zato. Sau biyu ta buɗe baki za ta tambaye ni, sau biyu ta fasa, ni kuma ina riƙe da alkawarin Inna kamar wadda ta riƙe garwashi. Ranar ko kiran gida ban yi a gabanta ba, sai da na keɓe, don kada Inna ta ji muryarta ta rikice.

Da safe muka tafi tare, ta Bimbila. Doya ce ko'ina, a gona, a bakin hanya, a saman mota, har a ƙarƙashin ƙafata. Azara tana ta jan carbi. Na ce a raina yarinyar nan akwai ibada.

Salaga da nake ji a bakin tsofaffi, ta ƙasar Gwanja gidan goro, na zaci zan ga wani ƙaton birni. Gari ne madaidaici mai tsofaffin rijiyoyi, kuma a zangonsu akwai tsofaffin da in sun yi Hausa sai ka rantse a unguwar Ƙoƙi ta Kano aka haife su. Da muka shiga lungun gidan na ga rumfa an kafa, kujerun roba a jere, dattawa a kan tabarmi, mata na shiga da kwanukan abinci. Na ce, "Azara, mutuwa aka yi a unguwar?" Ta dube ni ta fashe da kuka.

Aka buɗe mini hanya. A tsakar gida, a kan tabarma, ga Inna zaune. Wallahi abin da idona ya gaya mini ke nan. Zaman, karkata kai, yadda ta ɗora hannu a gwiwa, duk na Inna ne, sai dai wannan idonta garau, kuma a kaina yake. Jakarta a ɗaure a gefenta, ta tafiya. Na durƙusa na gaishe ta.

Ta ce, "Yaushe?"

Na ce, "Jiya na kwana Yendi, Inna."

"Ba shi na tambaye ki ba. Yaushe ta cika? Ta sha wuya? Ta ambace ni?"

Sai a lokacin komai ya faɗo mini a ka: matar iyaka, kujerar gaba, tuwon Memuna, bikin talabijin. Na dubi jikina. Na ce, "Innalillahi! Inna tana nan da ranta! Da safen nan ta sha koko, har ta yi wa Zainab faɗa a kan sukari!"

Wata tsohuwa ta ce, "To wannan kaya fa?" Suka taru a kaina, kowa na bayani. Ashe tun daren jiya Azara ta kira dattawan unguwa, suka zo suka shaida wa tsohuwar. Su musulmi ba sa sa ja da baƙi don makoki, amma maƙwabtansu na yi, kuma kullum a talabijin shi ake gani, a sanarwar jana'iza da finafinan Turanci da na yaren Tuwi. Duk fim ɗin da mutum ya shigo gida da ja da baƙi, kafin ya buɗe baki mata sun zube. Ido ya saba, har yaron goye ya san ma'anarsa. Na ce mu a namu finafinan amarya ce ke sa shi. Wani dattijo daga zaure ya ce, "To amarya, kin sa mun yanka rago." Aka kwashe da dariya, masu kuka na dariya, masu dariya na kuka. Ban taɓa jin kunya irin ta ranar ba, ban kuma taɓa jin daɗin kunya irin ta ba.

Inna Usaina ba ta yi dariya ba. Ta miƙe, ta shiga ɗaki, ta daɗe. Da ta fito ta sa fari fat, riga da zane da ɗankwali. Mata suka ɗauki guɗa. Azara ta raɗa mini cewa a nan fari shi ne na wanda Allah ya fid da shi: mai jego in ta fita, majinyaci in ya tashi, wanda ya yi nasara. Ta zauna ta ce, "Yanzu faɗi saƙonki." Na ce mai saƙon za ta faɗa da bakinta. Na ba ta ƙullin ɗinkinta, na kira Zainab.

Zainab ta haɗa wayar da talabijin, ta zaunar da Inna a gabansa. Na riƙe tawa wayar a gaban Inna Usaina. Ta ga 'yar'uwarta, ta toshe baki da hannu. Ita kuwa Inna tana ta matso da fuska, tana lalube da ido.

"Rabi, na ga gefen hannunki. Ina take? Ba ta yarda ba ko?"

Na ce, "Ga ta nan a gabanki, Inna."

"Ban ga komai ba. Haske kawai nake gani." Muryarta ta karye. "In ba ta son zuwa kada ki matsa mata."

Inna Usaina ta dube ni. Na gaya mata maganar idon, na nuna ƙullin da ke cinyarta. Ta kwance, ta ga ja. Na ga hannunta ya tsaya. Wata maƙwabciya ta ce, "Mma, yau kam kada ka sa wannan, ba kyau, yau ranan fari ne." Azara ta gaya mini daga baya cewa shekara talatin ko jan ɗankwali uwarta ba ta yarda a shigo mata da shi ɗaki, in ta ga mai ja da baƙi ya nufo lungunsu sai ta zauna tana jiran ta ji sunan Hassana.

Ba ta ko koma ɗaki ba. A nan gaban mutane ta zura jar rigar a kan farar, ta warware zanen ta yafa shi tun daga ka. Rigar ta zauna mata kamar a jikinta na gwada, hannun ne kawai ya ɗan yi yawa. Ta matso gaban wayar ta cika ta.

Muka ji Inna ta ja numfashi.

"Usaina. Ga ki nan."

"Ga ni, Yaya."

"Kin tsufa?"

"Ki duba madubi."

"Ba na gani, sai ke." Sannan Inna ta ce, "Maganar da na aiko miki, na janye ta. Ban mutu ba, amma ki zo."

Inna Usaina ta dafa jakar da ke gefenta, wadda ta ɗaure tun daren jiya don zuwa jana'iza. Ta ce, "Ai kayana a ɗaure suke."

Ragon dai an ci shi, rumfar ba a kwance ta ba sai washegari. Bayan kwana biyu muka kamo hanyar Kano, ni da ita, dukanmu cikin ja, don ta ce ba za ta cire ba kada Hassana ta kira ta rasa ta. A kowace tasha ana ba mu kujerar gaba ana ce mana sori, ita kuma tana amsawa da "na gode" ba ta gyara wa kowa ba. Sai ta matse hannuna ta ce, "Bar su, gwiwata na ciwo."

Yanzu haka suna falo su biyu a gaban talabijin, kwano ɗaya a tsakaninsu. Na leƙa ɗazu da na je ɗauko zare. Ba a rage loma a gefe ba.